Faifan Bayan Murfi: Shafi na 19

Masu cewa Yaya ne ya lalata adaftar, na ga saƙonninku. Ku ji tsoron Allah, bawan Allah sati uku ke nan ko ƙofar gidan bai taka ba. Masu cewa Mama ce kuma, ku matso kusa ku karanta a hankali, yau akwai masu jin kunya.

*

Ƙarfe uku da minti biyar Auta ta faɗo gidan, takalmi ɗaya a bakin ƙofa, ɗaya a tsakiyar falo. Da ƙyar mai kantin maganin da take wa aiki ya sake ta, shi ma sai da ta nuna masa saƙon asibiti ya gani da idonsa: duk wanda ya rasa zama uku a jere da likitar magana, za a ba wani gurbinsa. Baba ya rasa biyu. Na ukun yau ne, ƙarfe huɗu, ta kwamfuta, kuma minti goma kacal likitar take jira.

Wata huɗu suka yi a layi kafin su samu gurbin nan.

Mama na tsaye a ƙofar ɗakin baya da tsumman goge-goge a hannu.

"Kin zo?"

"Na zo, Mama. Ya ci abinci?"

"Ya ɗan taɓa. Auta, ni dai da na sani da ban zare abin nan ba. Ƙura kawai na gani a jikinsa, na goge na mayar."

"Mama, don Allah."

"Shekara talatin da ɗaya yana ce min kar in taɓa masa kayan aiki. Rana ɗaya na taɓa, kin ga abin da na jawo masa."

Auta ta wuce ta, don in ta tsaya lallashi sai huɗu ta yi musu a bakin ƙofa.

Baba na kan kujerarsa mai taya, fuskarsa na kallon taga. Injiniya duk layin suke ce masa. Rediyo ya fara gyarawa, ya koma talabijin, ya ƙare a kwamfuta, kuma babu na'urar da ta taɓa fin ƙarfinsa sai jikinsa. Wata bakwai ke nan da ɓarinsa na dama ya shanye, maganar ta tafi tare da shi. Zama uku da likitar ya dawo masa da kalma uku: to, a'a, da ruwa. Su ma ɗaya-ɗaya suke fita, ba su taɓa haɗuwa biyu a jere ba.

"Baba, sannu da gida."

Ya ɗaga mata hannun hagu bai juyo ba.

Ta ja kujera gaban tsohuwar kwamfutarsa. Da waya za a yi zaman da tuni an wuce wurin, amma idonsa na dama ba ya kama ƙananan abubuwa, manhajar asibitin kuma a kwamfutar aka ɗora ta. Akwatin waifai yana falo, kwamfuta tana ɗakin baya, abin da ke haɗa su kuwa ɗan adaftan nan ne baƙi, tsawon yatsa, mai ɗan eriya a ka. Da, ana soka shi yake fara ƙyafta shuɗiyar wuta. Sati biyu ke nan ya yi shiru.

Ta zare, ta soka a wani ramin. Shiru.

Wayarta ta yi ƙara. Yaya ne.

"Auta, ya kama?"

"Bai kama ba."

"Ki kashe ki kunna."

"Yaya, sati biyu muna kashewa muna kunnawa."

"To ki hura ramin. Ko ki ɗan bubbuga gefen."

"Sai an jima, Yaya."

Ta kife wayar. Yaya mutumin kirki ne, amma abin da ya gada a wurin Baba tsayi ne kawai.

Ita ce ta ɗan tsinci wani abu, lokacin tana firamare, in an yi hutu Baba ya ɗora ta kan benci a shago tana miƙo masa noti. Ta runtse ido tana lalubo abin da ya rage a kanta. Jerin na'urori. Akwai wurin da kwamfuta take jera duk abin da ke jikinta.

Ta nemo shi, ta buɗe.

Can ƙasa ga wani layi da alamar ruwan ɗorawa a gefensa. Kwamfutar ta ce akwai wata na'ura a jikinta, amma ba ta san ko mece ce ba. Auta ta zare adaftar, layin ya ɓace. Ta mayar, ya dawo.

Ta juyo da sauri.

"Baba, bai mutu ba. Tana ganinsa. Direba ne babu."

Muryarsa ta da ta dawo mata a kunne, yana riƙe da abin narka dalma yana yi wa wani da ya kawo gyara bayani: direba tafinta ne. Na'ura na magana, kwamfuta na magana, amma in babu tafinta a tsakani sai dai su yi ta kallon juna.

Sai dai direba a intanet ake sauke shi, intanet kuma sai da direba. An kulle ɗaki, mabuɗin na ciki.

Ta yi tagumi. Sai kuma ta miƙe zumbur.

Ya aka yi ta manta? Duk wanda ya taɓa kai wa Injiniya gyara ya san ɗabi'arsa. Ɗan faifan direba da ke zuwa cikin kwalin na'ura ba ya barinsa a kwali, ba ya sa shi a aljihun tebur. Buɗe kwamfutar yake yi, ya manna shi da salatif a bayan murfi ta ciki. Ya kan ce kwali ɓata yake, aljihun tebur cin kaya yake, amma murfi ba ya barin kwamfutarsa.

Ta kashe ta, ta janyo ta daga ƙarƙashin tebur, ta ɗauko sukudireba.

Notin farko ko juyi biyu bai yi ba ya faɗo hannunta.

Ta tsaya.

Baba ba ya ɗaure noti sako-sako. Mutumin da in ya ɗaure murfin kwalba sai an kira maƙwabci?

Ta kara fuskarta kusa. Gefen notin duk karce ne, sabo, fentin ya ɗaye yana ƙyalli, irin na hannun da yake zamewa yana sake gwadawa. Ta zare murfin ta juya shi.

Salatif ɗin na nan yana reto. A tsakiyar ƙurar shekara da shekaru ga wata da'ira fes, daidai girman ɗan faifai. Kusa da ita kuma sawun yatsu huɗu.

Na hannun hagu.

Ta daɗe a tsugune. Sannan ta miƙe ta leƙa ƙofa.

"Mama, a ɗora mana ruwan shayi don Allah."

"Yanzu?"

"Yanzu."

Sai da ta ji takun Mama ya yi nisa sannan ta tura ƙofar. Ta ɗauki murfin ta zagaya ta tsaya tsakanin Baba da tagarsa.

"Baba."

Ya kalli murfin. Ya kalli silin.

"Mama ba ta san gaban sukudireba da bayansa ba. Yaya sati uku bai zo ba. Ni kuma yau na fara buɗe ta."

Ta nuna masa sawun yatsun da ke cikin ƙurar.

"Zare adafta a goge ba ya goge direba. Sai wanda ya san hanya ya shiga ya cire shi da gangan, ya kuma ce a share shi gaba ɗaya. A gidan nan mutum ɗaya ne ya san wannan hanyar."

Gefen bakinsa mai lafiya ya motsa.

"Da hannu ɗaya, Baba? Ka sunkuya ƙarƙashin tebur da hannu ɗaya? Da ka kifo daga kujerar nan fa?"

Haushi take ji, haushi mai zafi, ga kuma wani abu a ƙarƙashinsa da ta ji kunyar kiransa alfahari. Likitoci sun ce hannun hagun nan ko cokali sai an yi haƙuri da shi, ga shi ya kwance noti huɗu.

"Ina faifan?"

"A'a."

"Baba, uku da minti ashirin da biyar. In huɗu da minti goma ta yi shi ke nan, mun koma ƙarshen layi."

"A'a."

"Sati biyu Mama ba ta cin abincin kirki. Tana ganin ita ta rufe maka baki. Kana kallonta, ka bar ta?"

Nan ya rufe ido. Amma bai ce to ba.

Auta ta ajiye murfin.

"Shi ke nan. Riƙe faifanka. Zan nemo da kaina."

Ta mayar da murfin ta kunna kwamfutar, ta ɗauki waya. Wayar tana kama waifai, a nan za ta sauke direban ta tura wa kwamfutar ta igiyar caji. Ta karanta sunan da ke jikin adaftar ta rubuta. Babu kamfanin, babu shafinsa, sai masu sayarwa. Ta sauya rubutun, ta ƙara lambar da ke ƙasansa. Nan ma babu. Minti takwas suka tafi a banza.

Sai wani shafi ya buɗe, mai ƙaton maɓalli kore yana tsalle a tsakiya.

Ta san mene ne. Tun tana 'yar shekara tara ta san rabin kwamfutocin da ake kawowa shago irin wannan maɓallin ne ya kwantar da su. Har ta kai yatsa za ta rufe, sai ta saci kallon Baba.

Idonsa a rufe, amma kunnensa na wurinta. Auta kuwa ta san inda ke yi wa ubanta ƙaiƙayi.

"Alhamdu lillahi," ta ce da ƙarfi. "Ga wani ya ce in danna nan zai ba ni direbobin duniya gaba ɗaya, kyauta. Har zai ƙara wa kwamfutar gudu."

Girar Baba ta motsa.

"Kore ne babba, har yana tsalle. Ya ce in fara kashe abin da ke tsare kwamfutar daga cuta, wai yana hana shi aiki. To, bari in kashe."

Hannun hagu ya daki hannun kujera.

"A'a!"

"Me ya faru, Baba? Ai sun ce mutum miliyan goma sun sauke."

Ya buɗe ido yana huci. Ya kalle ta, ya ga dariyar da take dannewa, ya gane tarko ne. Amma ya riga ya faɗa. Mutum zai iya jure ciwo, zai iya jure kunya, amma Injiniya ba zai zauna ana aikin banza a kan teburinsa ba.

Ya tura tayar kujerar da ƙafarsa mai lafiya, ya matso. Ya nuna ɗan littafin da yake rubutu a ciki. Ta buɗe masa, ta sa masa biro.

Haruffan suka fito manya, a karkace.

SUNAN JIKI ƘARYA. DUBA CIKI.

"Cikin adaftar? In fasa shi?"

Ya harare ta, harara irin ta shago. Ya nuna allon kwamfutar, ya ɗora yatsa kan layin nan mai ruwan ɗorawa. Ya taɓa gefen dama na maus.

Ta danna. Ya nuna na ƙasa. Ta danna. Ya nuna shafi na uku a sama, ya nuna ɗan jerin da ke saukowa, ta yi ƙasa, ta wuce, ya buga tebur, ta dawo. Wani dogon layi ya fito, haruffa da lambobi a cakuɗe.

Ya sa farce a ƙarƙashin huɗun da ke bin VID. Ya sa a ƙarƙashin huɗun da ke bin PID.

Sai ta tuna. Masu sayarwa kowa buga sunansa yake a jikin roba, amma ƙwaƙwalwar da ke ciki wani ne ya ƙera ta, kuma waɗannan lambobin takwas su ne sunanta na gaskiya.

Ta kwafe su a waya. Layin farko ya ba ta sunan ƙwaƙwalwar. Ta shiga shafin waɗanda suka ƙera ta, shafi fari fat, babu tsalle babu kore. Direba biyu ne a jere.

"Akwai mai talatin da biyu, akwai mai sittin da huɗu. Wanne?"

Ya miƙa ƙafa ya taɓa gefen kwamfutar. Ta sunkuya. Da baƙin alƙalamin maka, da rubutunsa na da mai kyau kamar na bugawa: 64.

"Baba, ko aljani ya zo gyara bayanka ba zai sha wahala ba."

Gefen bakinsa ya ɗan ɗaga, ya yi maza ya mayar.

Uku da minti arba'in da shida direban ya sauka a waya. Ta soka igiyar caji a kwamfuta. Kwamfutar ta ga wayar. Ta fara kwafa, wayar ta ɗan motsa, ta yanke. Ramin cajin wayar ya daɗe da sakin jiki, ko numfashi mai ƙarfi aka yi kusa da shi sai ya saki. Ta sake, ya sake yankewa. Hannu ɗaya a maus, ɗaya a waya, igiyar na neman na uku.

Ƙofa ta buɗe, Mama ta shigo da tire.

"Mama, ajiye ki zo ki riƙe min igiyar nan."

Mama ta ja da baya.

"Ni? Na rantse ba zan ƙara taɓa kayan nan ba."

"Lokaci, Mama."

Mama ta kalli mijinta. Ya daɗe yana kallon tsumman da ke saƙale a kafaɗarta.

"To," ya ce.

Ta matso a tsorace, ta kama kan igiyar da yatsu biyu.

"Danne shi sama kaɗan. Haka. Kar ki motsa ko kaɗan sai na ce."

Koren layi ya fara tafiya a allo, a hankali, tafiyar tsohuwar kwamfuta. Auta ba ta juyo ba ta yi tambayar, a hankali.

"Baba, me ya sa?"

Ta ɗauka ba zai amsa ba. Sai ta ji ƙarar biro a kan takarda. Ya daɗe yana yi. Littafin kuma a buɗe yake daidai ƙarƙashin idon Mama.

Mama ta karanta a fili, don ita ba ta iya karatu a zuci ba.

"Na gan ta. A ƙaramin akwati. Tana kuka."

Ta sake karantawa.

"Wa ka gani? Wane akwati?"

Auta ta gane kafin ita. In ana zaman, likita ce a babban allo, a kusurwa kuma akwai ɗan akwati da mutum yake ganin kansa. Da duk abin da ke bayansa. Mama kullum a bakin ƙofa take tsayawa, a bayansa, tana ganin ta ɓuya.

"Mama, a zama na uku. Kin tsaya a ƙofa. Kyamara ta ɗauko ki."

"To shi ne me?"

Idon Mama ya tafi kan sukudireba, ya tafi kan ƙurar da ke gwiwar Auta, ya dawo kan mijinta da ya sunkuyar da kai.

"Injiniya. Kai ne?"

Igiyar ta fara zamewa daga yatsunta.

"Mama, igiyar. Saura rabi."

Mama ta danne igiyar. Ba ta da halin fita, ba ta da halin juya baya, ko hawayen ba ta da hannun gogewa, don ɗayan hannun ta tallafe na farkon da shi. Haka suka zubo suna sauka kan tebur.

"Sati biyu," ta ce. "Sati biyu ina zagin hannuna. Ko kallon teburin nan ba na iya yi. Kana zaune kana ji."

Baba ya buɗe baki, babu abin da ya fito.

"Kuka na yi, ban musa ba. In ban yi kuka a kanka ba a kan wa zan yi? Likita ta nuna maka kofi, ka yi ta kokawa, jijiyar wuyanka duk ta tashi, na ji kamar in shiga allon in ce ta ƙyale min kai. Sai ka ce ruwa."

Ta ja hanci.

"Wata shida ban ji an nemi komai a wurina da baki ba. Ka ce ruwa. Ni kaina ban san wanne ya fi yawa a kukan ba, tausayin ko daɗin. Kai da ka fi kowa sani sai ka yanke hukunci kai kaɗai, ka shiga ƙarƙashin tebur."

"Mama..."

"Bar ni. Yana ganin kunyar bakinsa nake ji. Da bakin naka na lafiya ma wace magana kake min? Ina shayi, ina sukudireba, wa ya taɓa min waya. Shi ke nan hirar shekara talatin. Amma ita nake so. Ka dawo min da ita ko a karkace ne."

Koren layin ya kai ƙarshe.

"Saki, Mama. Ya shiga."

Mama ba ta saki ba sai da Auta ta ɓamɓare yatsunta.

Baba ya jingina gefe guda da ƙyar, ya cusa hannu ƙarƙashin matashin kujerarsa, ya lalubo wani abu ya miƙa wa Mama. Ɗan faifan ne. Ya tsage tun daga tsakiya har baki.

Mama ta juya shi.

"Sati biyu kana zaune a kansa?"

Ya gyaɗa kai.

Dariya ta ƙwace wa Auta. Mama ta yi ƙoƙarin riƙe fuska, ta kasa, ta yi dariyar da hawaye a kumatu. Wani sauti ya fito daga ƙirjin Baba, mai kauri, rabi tari. Wata bakwai ba a ji shi a gidan ba.

Uku da minti hamsin da bakwai.

Direban a ƙunshe ya zo, Auta ta kwance shi. Za ta danna, Baba ya tare hannunta, ya nuna adaftar.

"In zare tukuna?"

"To."

Ta zare. Ta danna, ta amince, ta danna na gaba, ta sake danna na gaba. Kwamfutar ta yi ta gurnani. Huɗu daidai ta ce an gama, sai an kashe an kunna.

"Yau dai maganar Yaya ta yi rana," Auta ta ce.

Tsohuwar kwamfuta ba ta san sauri ba. Baƙin allo. Tambari. Ɗigo-ɗigo suna zagaye. Mama na karanta duk addu'ar da ta zo bakinta. Huɗu da minti huɗu. Da biyar.

Allon ya buɗe. Auta ta miƙa wa Baba adaftar. Ya gwada, ya kuskure ramin, ya sake, ya kuskure. Mama ta kama wuyan hannunsa ta daidaita. Ya shiga.

Ɗaya. Biyu.

Shuɗiyar wuta ta ƙyafta.

Sunan waifan gidan ya fito, ya nemi lambar sirri. Auta ta yunƙura za ta ruga falo, Mama ta karanto mata ita da ka, harafi bayan harafi. Ba a banza Baba yake ce mata Manaja ba tun zamanin shago.

Huɗu da minti takwas manhajar asibitin ta buɗe. Maɓallin shiga na tsakiyar allo. Ɗan akwatin nan na kusurwa, da fuskar Baba a ciki, ɓari ɗaya a sauke.

Auta ta ɗauke hannunta daga maus ta tura masa.

"Ba zan danna ba, Baba. Na ɗora abin da ka cire. Wannan kuma naka ne."

Mama ta ɗauki tsummanta.

"Bari in fita, in ni ce matsalar. Zan ja ƙofar."

Ta yi taku ɗaya ta ji an riƙe gefen zaninta. Baba ya ja numfashi, leɓensa na rawa, harshen na neman hanya.

"Z... zau... na."

Kalma ta huɗu.

Auta ta tura mata kujerarta. Mama ta zauna a gefensa, kafaɗa da kafaɗa, fuska biyu suka cika ɗan akwatin.

Ya danna.

Da'ira ta yi ta juyawa. Huɗu da minti tara. Da goma.

Allon ya haska. Likitar na tsaye, jaka a kafaɗa, takarda da biro a hannu. Ta sunkuyo ta kalli kyamara.

"Na riga na ja layi a kan sunanku."

"Likita, don Allah, matsalar kwamfuta ce, adaftar ce ta..."

"Ba ke nake tambaya ba." Ta ɗaga biro. "Mutum goma sha ɗaya ke jiran gurbin nan, kuma ba na riƙe shi don 'ya'ya ko mata suna so. Malam, zama biyu ban gan ka ba. Me ya faru?"

Mama ta buɗe baki, Auta ta matse mata hannu.

Baba ya kalli littafinsa. Ya ture shi gefe. Ya kalli ɗan akwatin kusurwa, ya daɗe yana kallo. Jijiyar wuyansa ta tashi.

"Ni..."

Ya sake gwadawa.

"Ni... na... cire."

Auta ta ƙirga a yatsunta ba ta sani ba. Uku. A jere.

Likitar ta zame jakar daga kafaɗarta ta ajiye a kan tebur. Ba ta zauna ba, ba ta yi murmushi ba, biron na nan a kan layin da ta ja.

"Sake faɗa, Malam," ta ce. "In ji da kyau."

Baba ya damƙe hannun Mama, ya ja numfashi.